Na kai kamfanin wuta kotu, sai ga yayana cikin shaidunsu

Anti, don Allah ki taimake ni da shawara kafin zaman kotu na gaba, kaina ya ɗau zafi.

Ni mai sayar da ƙanƙara ce. Firji uku gare ni a ɗan shagon da ke jikin gidanmu, da su nake riƙe da gida tun da ciwon baya ya zaunar da maigidana. Bara transfomar layinmu ta ƙone, muka yi wata da watanni ko ƙyallin wuta ba mu gani ba. Na bar ƙofofin firjin a buɗe don kar su yi wari, har yara suka mayar da ɗaya wurin ɓuya. Amma duk ƙarshen wata sai an maƙala mana takardar kuɗin wuta a ƙofa, kuma kullum hawa take. Ba mu da mita, kintace kawai suke yi. Na yi ta sintiri a ofishin kamfanin wuta har mai gadi ya san ni, yana hango ni sai ya jawo min benci. Ranar da aka gyara transfoma, ranar suka zo da tsani suka yanke min waya, wai sai na biya kuɗin duhu.

Na kasa haɗiye wannan. Na tara maƙwabta, da mai aski, da mai walda, da wata tsohuwar malamar asibiti, muka ɗauki lauya, sunana ne a gaba. Alƙali ya ba da umarni a mayar mana da wuta har a gama shari'a, kuma an mayar. Anti, shari'ar nan ba ta ba ni tsoro ko kaɗan. Gaskiya a hannuna take, duk layin shaida ne.

Matsalar ita ce yayana, uwa ɗaya uba ɗaya. A kamfanin yake aiki, ashe kuma sashensa ne ke fitar da takardun yankinmu. Lauyanmu ya ce an sa sunan yayana cikin masu ba da shaida a ɓangaren kamfanin, kuma in ya tsaya a gaban alƙali ba zai raga masa ba. Yayan nan nawa shi ya biya min kuɗin makaranta bayan rasuwar babanmu, shi ya saya min firjin farko. Yanzu in ya zo gidan Umma ya ga takalmina a ƙofa, sai ya juya. Matarsa ta daina ɗaga wayata. Umma ta zaunar da ni ta ce in dai ita ta haife ni in janye, kar in sa a ci masa mutunci ana saura kaɗan ya yi ritaya. Na ce mata ba shi na kai ƙara ba, ta ce to wa za a tsayar a yi wa tambayoyin, ginin ofishin?

In na janye, yaya zan yi da mutanen da na jawo? Mai walda har babur ɗinsa ya sayar saboda lauya. In kuma na ci gaba, ina tsoron in ci shari'a in rasa ɗan'uwa. Ina mafita?

Mai Ƙanƙara

Ƙanwata Mai Ƙanƙara,

Kada ki janye. Amma kada ki shiga kotu kina huci kamar da yayanki kike faɗa.

Fara da lauya. Ku kuka ɗauke shi, ba shi ya ɗauke ku ba. Ki gaya masa ƙarara abin da kuke nema: a soke kuɗin watannin duhu, a sa muku mita. Kunyata wani ba ya cikin buƙatunku. Ki tambaye shi ko akwai hanyar sulhu wanda za a rubuta a gaban alƙali ya zama hukunci. Sulhu daban, janyewa daban. Sai dai ki fara jin ta bakin maƙwabtanki, tunda ƙarar taku ce duka. Kafin nan ki riƙa biyan kuɗin wutar da kike sha yanzu, ki adana rasit, kuma kada kowa a layinku ya taɓa waya.

Sai yayanki. Ki ɗan tsaya a inda yake tsaye. Ma'aikaci ne, ba shi ya ƙirƙiro kintace ba, kuma wataƙila a ofis ana masa kallon wanda ya zuga ƙanwarsa. Juyawar da yake yi, ni ban ga ƙiyayya a ciki ba, kunya na gani da fargabar aiki. Ke ce ƙarama, ke za ki je. Ki same shi har gida, ki durƙusa ki gaishe shi yadda kika saba. Maganar shari'a ki bar ta a waje: kada ki tambaye shi me zai faɗa, kada ki roƙe shi komai, don hakan zai iya jefa ku duka cikin matsala. Ki gaya masa kawai ba ki manta alherinsa ba.

Umma kuwa tsoro take ji wa ɗanta, kuma tana da haƙƙin a saurare ta. Kada ki yi jayayya da ita. Ki nemo kawu ko gwaggon da take jin maganarsu, su fahimtar da ita cewa mai ba da shaida ba mai laifi ba ne, kuma wanda ya faɗi abin da ya sani a kotu, da mutuncinsa yake fita.

Ba zan ce miki zuwa ɗaya zai sauko ba. In ya ɗaure fuska, ki yi masa sallama cikin ladabi, ki sake komawa. Ki riƙe ƙararki, ki riƙe yayanki, hannunki biyu ne.

Allah ya ba ku nasara, ya ƙara wa maigida lafiya, ya bar ku tare da ɗan'uwanki.

Taki,
Anti