Saƙon da Kawu Ya Bar Mini Tsakanin Layuka

Anti, ki taimake ni, bakina ya jawo mini abin da ya fi ƙarfina.

Kawuna ne ya fara zaunar da ni gaban kwamfuta, a ɗan ofishinsa na makarantar da yake aiki. Sauran ni na koya wa kaina da karance-karance, sai kai ya kumbura. Shi da wani tsohon yaren kwamfuta, Pascal, yake rubuta manhaja, ni kuwa da Python. Kullum musu. Rannan na ɗora hoton manhajarsa mai tsara jadawalin darussa a guruf ɗinmu na 'yan sana'a, na ce a kai ta gidan tarihi har da mai ita. Aka yi ta dariya. Sai ya fice daga guruf ɗin. Wata huɗu ban taka gidansa ba, wai ni mai gaskiya.

Yanzu shanyewar ɓarin jiki ta kwantar da shi, baki ya ɗauke. Makarantar ta sayi sabbin kwamfutoci, manhajar ta ƙi tashi, suka kira ni in sake rubuta ta da yarena, abin da na shekara uku ina kumfar baki a kai. Ina buɗewa sai ga 'yan bayanan da mai rubutu kan bari tsakanin layuka, waɗanda kwamfuta ba ta karantawa. Da Hausa ya yi su. Ɗaya ya ce kada a ba malamar lissafi darasin farko, goyo take. Wani kuma: “Sarkin gaggawa, na san kai za ka gaje ni. Karanta kafin ka goge.” Shekara biyar da rubuta shi.

Har gobe Python ya fi, ba zan yi miki ƙarya ba. Amma hannuna ya ƙi. In na goge, ji nake na binne shi da rai.

Mai Kaifin Baki

Ɗana, ban san wane yare ya fi ba, kuma ba shi ke hana ka sukuni ba. Mai yiwuwa kana da gaskiya, tunda ga manhajar ta tsaya, yara kuma na jiran jadawali. Laifinka tozarta shi a bainar jama'a, don haka a guruf ɗin za ka janye maganarka, ba tare da “amma” ba.

Ka lura, bai ce kada ka goge ba, cewa ya yi ka karanta. Ka rubuta sabuwar, ka kwashe bayanansa kaf ka zuba a ciki. Kafin nan, ɗauki kwamfutarka ka je gidansa yau, ka durƙusa ka nemi gafara. Sannan ka karanta masa bayanan ɗaya bayan ɗaya, hannunka cikin nasa mai lafiya, ya matse naka a inda ka fahimta daidai. Bakinsa ne ya ɗauke, kunnensa na nan. Wannan karon kai za ka saurara.

Allah ya ba Kawu lafiya, ya sanyaya maka harshe.