"Ɗiyarku Ce" Kunya Ce, Ba Janye Ƙara Ba

Zuwa ga mai girma alƙalin da ya rufe dosiyen shari'ar ɗiyata,

Assalamu alaikum. Ina yi maka ban gajiyar zaman kujera. Ni ne Illa, manomin gero daga wani ƙauye kusa da Karofane, mai dogon wuyan nan da ya zauna bencin baya ranar sulhu. Aji huɗu na yi a lakwal, mushe, wato malaminmu, ya ce kaina ya cika, in ba wani wuri. In ka ga harafi ya kwanta cikin takardar ga, gajiya ya yi.

Na ɗaya. Bara da kaka na aurar da ɗiyata ta fari a Tamaske. Na sai da bajimina na yi mata gado, katifa, armuwar ta ajiyar tufafi da kwanoni. Uwar miji ta leƙa ɗaki ta ce ba firigo na sanyaya ruwa. Gidan ko wutar lantarki babu, amaryar maƙwabta ma zannuwa take ajewa cikin nata. Daga nan gori safe da marece. Da damina ta faɗi suka fidda kayanta tsakar gida ruwa ya jiƙe su, mijin ya murɗe mata hannu har yatsa ya karye. Takardar likita tana wurinka. Ta komo gidana, ni na kai ƙara ga jandarma da ƙafata.

Na biyu. Da aka kai gero rumbu, dangin miji suka zo biko da goro, yarinya ta ce tana son mijinta. To. Ka tara mu, ka tambaye ni ko ina da magana. Ranka ya daɗe, ga surukai zaune, ga ɗiyar fari gabana! Mu nan Adar uba ba ya ko kiran sunan ɗan fari, balle ya tsaya masa gaban mutane. Na faɗi abin da ubana ya faɗi ranar bikon yayata: ɗiyarku ce, ba tawa ba. Magatakardanka ya rubuta da Faransanci wai uba ya janye ƙara. Sai da na komo gida wani mushe ya karanta mini. Ni kunya na yi, magatakarda ko ya rufe shari'a da ita.

Na ukku, kuma nan ne ciwon, ban ɓoyewa. Ranar nan na ga ɗiyata ta durƙusa ta miƙa wa uban mijinta ruwa, ta ce masa Baba. Ni da na yi noman bana da hauya saboda bajimi ya koma katifa, ko kallo ban samu ba. Tsohon ya yi wani barkwanci mai sanyi kamar kunun jiya, ta yi dariya har da rufe baki. Ni fa duk kasuwar Karofane ta san ni da ban dariya. Kishi nake, na yarda, gemuna bai hana ba. Amma kishin nan ne ya buɗe mini ido: da hannun hagu ta miƙa ruwan, don na dama har yau bai riƙon kwano. Duk ɗakin ba wanda ya lura sai ni.

Ga roƙona. Ban ce a ɗaure yaron ba, ban ce a kashe aure ba. A goge layin da ya ce na janye. A aje dosiyen inda hannu ke kaiwa, yaron ya san yana nan. Ka kira ta ita kaɗai, ba miji, ba uwar miji, ba ni, ka tambaye ta ko maganar firigo ta daina tashi a gidan. In ta ce lafiya take, ka rufe, ni in tahi da kishina gona. Kuma in Ba'adare ya ce maka ɗiyarku ce, ka kore jama'a waje ka sake tambayarsa.

Don kada a sake kuskure, ga sunanta. Bakina bai taɓa faɗinsa ba tun ranar suna, amma biro ba ya jin kunya: Rahamu. Rahamu Illa. Illan nan ni ne, ba tsohon Tamaske ba.

Allah ya ƙara maka basira, ya tsare ɗiyanka mata daga gidan da ake ƙirga musu kwanoni.

Wassalam,
Illa, uban Rahamu