Na ari uwa da garinta na ba 'yata, yanzu dangin sun same mu

Assalamu alaikum Anti, ke da masu karanta shafin nan. Don Allah a ɓoye sunana, kuma ku kai ƙarshe kafin ku zage ni, zagin da nake wa kaina ma ya ishe ni. Ku yi haƙuri da Hausata, ta Jidda ce, karatuna kuma bai yi nisa ba.

A unguwar Karantina ta nan Jidda aka haife ni. Kakana da ƙafa ya taho Hajji, ya yi shekaru a Sudan yana aikin auduga, ya auri matar da ba ta jin Hausa, a can aka haifi babana. Uwata ta rasu ina shekara huɗu, wasu su ce Bazabarmiya ce, wasu su ce Babarbariya. In na tambayi babana garinmu sai ya yi dariya ya ce, "Mu 'yan hanya ne, ya binti." Hausar gidanmu ma haka take, rabi Larabci, da wasu kalmomi da ban taɓa ji a bakin kowa ba sai mu.

Wadda ta riƙe ni maƙwabciyarmu ce, Inna Ladi, mutuniyar Kazaure, ba ta taɓa haihuwa ba har ta rasu. Tana min kitso tana ba ni labarin gidansu na masaƙa, da tsamiyar ƙofar gida, da ƙaninta Sule da ta baro yana birgima a ƙasa wai sai ya bi ta. Ni kuma kunne gare ni, har yadda take jan magana na kwashe.

To wata rana 'yata Amal, tana shekara tara, ta dawo daga makaranta idonta jajur. Larabawa sun ce mata Takruniyya, wato baƙar Afirka, 'ya'yan 'yan Najeriya kuma sun yi dariyar Hausarta, wai ba Hausa ba ce. Ta ce, "Ummi, ihna min fen, mu 'yan ina ne? Kowa yana da gari sai mu?" Me zan ce wa yarinya? In ce hanya? Bakina ne ya riga ni. Na ce kakarta sunanta Ladi, ita ta haife ni, mu jinin masaƙan Kazaure ne. Wallahi a gabana yarinyar nan ta miƙe wuya. Shekara goma sha shida ina ƙara wa zancen gishiri. Babanta ya rasu bai tona ni ba, da aka rushe Karantina kuma waɗanda suka san gaskiya suka watse, mu muka dawo unguwar Nuzla. Na ce halas, an rufe.

Bana wani injiniya ɗan Najeriya da ke aikin kwangila a nan ya nemi aurenta, yaro mai kunya, tana sonsa. Iyayensa suka ce za su yi binciken asali kamar yadda ake yi a can. Amal da murnarta ta ba su komai, har tsamiyar. Na yi ta addu'a kar a samu gidan. Anti, baffan yaron ya same shi. Sule yana raye!

Aka kira ni ta bidiyo. Tsoho ne, kansa fari fat, an riƙe masa waya, yara sun cika bayansa. Ya ce, "Matso in gan ki." Na matso. Sai ya fashe da kuka: "Goshin Yaya Ladi ne wannan. Shekara nawa muna tambayar alhazai, ashe ta bar mana baya." Ya tambaye ni ko tana ambatonsa, na ce kullum, kuma wannan kaɗai ce gaskiyar da na faɗa masa. Amal tana gefena tana cewa, "Yalla Ummi, ki ce masa Kawu mana!" Na ce Kawu. Ni da girmana, da sallata.

Yanzu 'ya'yansa za su kawo shi Umra wata mai zuwa, ya ce ba zai sauka a otal ba alhali yana da 'ya a Jidda. Ta yaya zan zauna gabansa ba lulluɓi, mutumin da ba muharramina ba? Na kuma ji a wa'azi girman laifin jingina kai ga dangin da ba naka ba. Iyayen yaron sun riga sun sa rana, suna cewa sun samu 'yar gidan mutunci. In na faɗa, za su ce wadda ta yi ƙarya a kan uwarta me ba za ta yi ba, auren ya tashi, Amal ta rasa miji ta rasa gari rana ɗaya. Tsohon kuma ya sake rasa yayarsa a hannuna. In na yi shiru, jikokina za su tashi a kai, uwata ta gaskiya ko sunanta ba za su sani ba.

Sau uku ina kiran Amal ɗaki don in faɗa mata, sai in ce ta miƙo min shayi. Jiya na tarar tana gyara wa Kawu shimfiɗa.

Don Allah ku faɗa min, wa zan fara karya wa zuciya, ita ko shi? Me zan yi?