Sabo da Sama'ila Intanashinal

Badarawa, Kaduna.
Farkon watan Agusta.

Zuwa ga Comfort, 'yar Baba Sama'ila,

Ina gaishe ki gaisuwa mai yawa, da fatan takardar nan za ta same ki cikin ƙoshin lafiya, ke da maigida da yara in akwai, don ko aurenki ban sani ba. Yaya Baba Sama'ila? Yaya Mama Lami? Yaya ƙanenki Emmanuel mai kukan banza? Na san yanzu ya zama magidanci, amma ni a haka na bar shi.

Ummukulthum ce, 'yar Sabo mai hoto, wadda kuke ce wa Kulu. Maƙwabciyarmu Shamsiyya tana aikin jinya a asibitin da kike ba da magani, ita ce ta ambaci sunanki a cikin hira. Ta ce kullum kina tsallako gadar kogin Kaduna da safe, ki koma kafin magariba. Ta ba ni lambar wayarki na ajiye. Abin da zan roƙa ba na waya ba ne. A waya mutum yana iya cewa sabis ya ɗauke, a rabu ba kunya.

Shagon yana nan a jikin gidanmu, a kulle. Allon ma yana nan, rana da ruwa sun cinye rabin fentin, amma ana iya karantawa: Sabo da Sama'ila Intanashinal, Masu Ɗaukar Hoto. Aikina yanzu fassarar labarai ne a gidan rediyo, kuma kalmar nan ba ta barina in huta. In taro ne mu ce na ƙasa da ƙasa, in kasuwa ce mu ce ta duniya, in kotu ce kuwa sai yadda editanmu ya tashi daga barci. A titi ba mai wahalar da kansa. Daga ƙofarmu zuwa Unguwar Rimi ina wuce makaranta Intanashinal mai aji uku, da gidan burodi Intanashinal, da wani mai wankin mota Intanashinal da yake jan ruwa a rijiyar maƙwabta. A wurinsu ma'anarta ɗaya ce: kada ku raina mu.

Ina yarinya na taɓa tambayar dalilin tamu. Baba ya ce saboda labulen bangon nan mai zanen jirgin sama, wanda mutanen da ba su taɓa wuce Katabu ba suke tsayawa a gabansa riƙe da jaka. Babanki ya ce ba haka ba ne, shi ɗan ƙasar Jaba, Sabo ɗan ƙasar Zazzau, ga su a shago ɗaya suna cin abinci a kwano ɗaya, me kuma ake nema? Innata, Allah ya ji ƙanta, ta ce mai fentin ne kawai ya ga sauran fili a allon.

Comfort, Baba ba shi da lafiya. Ɓarin jikinsa ya shanye bara. Yana magana, amma lokaci ya cakuɗe masa. Kullum bayan la'asar sai ya sa na tura kujerarsa bakin ƙofar da ta haɗa tsakar gida da ɗakin wankin hoto. Ya ce Sama'ila yana ciki, kada wanda ya buɗe haske ya ɓata masa aiki. Wai yana jin fitonsa, waƙar cocin nan da yake yi in fuska ta fara fitowa a cikin ruwan magani. Har amsa masa yake yi. Jiya na ji yana cewa, "Kai dai ba ka da haƙuri, bar shi ya ƙara jiƙa mana."

Likita ya ce ba baƙon abu ba ne, ya ba abin suna da Turanci, na kuma yarda da shi, ai ba a banza na yi jami'a ba. Abin da likita bai yi mini bayaninsa ba shi ne warin maganin wankin hoto da nake ji a tsakar gida da yamma, alhali rabon da a buɗe kwalba a ɗakin nan tun da wayoyi suka kashe sana'ar.

Kin fi ni sanin ɗakin. A ciki Baba ya ɓoye ku lokacin rikicin shekara ta dubu biyu, a ƙarƙashin jan ƙwan fitilar nan, ina miƙo muku tuwo ta ƙasan labule, Mama Lami ta toshe bakin Emmanuel da bakin zaninta, har sojoji suka zo suka tsallakar da ku. Bayan nan babanki ya riƙa zuwa shago da safe yana komawa da wuri. Sai ya koma ranar Asabar kawai. Sai ranar salla. Sai shiru. Ba faɗa suka yi ba, da faɗa ne da an sami mai shirya su.

Likita ya ce zuciyar Baba ta gaji, kada mu yi dogon buri. Roƙona shi ne ki kawo mana Baba Sama'ila, ko zama kaɗan ne. Zan turo mota ta ɗauke shi ta mayar da shi da rana tsaka. Ina so Baba ya gan shi ido da ido, a cikin haske, da furfurarsa da tsufansa, ko ya daina hira da ƙofa.

Ki gaishe mini da kowa da kowa. Ina sauraron amsarki ta hannun Shamsiyya.

Ƙawarki ta ƙuruciya,
Ummukulthum Sabo.


Badarawa, Kaduna.
Ƙarshen watan Agusta.

'Yar uwata Comfort,

Ina fatan kina lafiya, ke da yaranki da kika lissafo mini, da Mama Lami da ciwon gwiwarta. Allah ya ƙara sauƙi. Na gode da gaisuwar Inna da kika yi mini.

A tsaye na karanta amsarki a ɗakin labarai, sai da na kai tsakiya na nemi kujera. Ashe Baba Sama'ila ya shekara uku a ƙasa. Yaya haƙuri? Allah ya ba ku dangana, ya sa bayansa ta yi albarka. Mutumin kirki ne, shi ya fara ɗora ni a kan keke.

Kin ce an nuna jana'izar kai tsaye ta waya, Emmanuel ya kalla daga Kanada, gwaggonku daga Ingila, tsohon fastonku daga Ghana. A wurin aikinmu irin wannan ko editanmu ba zai yi gardama ba, taron ƙasa da ƙasa ne. Mu da muke Badarawa, kogi ɗaya tsakani, ba mu ji ba. Ba ƙorafi nake yi ba, ku ma ba ku ji ta Inna ba. Na duba watan da kika ambata, na ga a lokacin ina Nairobi wajen taron masu fassara, muna shan shayi muna tattauna yadda harshe yake haɗa al'ummomi. Har takardar shaida aka ba ni.

Na daɗe ban gaya wa Baba ba. Yayana Faruk ya ce a bar tsoho da abokinsa na cikin ɗaki, tunda ba ya cutar da kowa. Na so in yarda. Amma wata yamma Baba ya yi gyangyaɗi a kujerarsa, na matsa jikin ƙofar na kasa kunne. Ban ji fito ba. Ɗigar ruwa na ji, ɗis, ɗis, irin ta hoton da aka rataye a igiya bai bushe ba. Damina ce, rufin kuma ya tsufa. Na rubuta miki wannan ne don ki san ina da bayani.

Washegari na durƙusa a gabansa na faɗa masa, da taushin murya, yadda ake koya mana karanta labarin rasuwa. Bai yi kuka ba. Kallona ya yi kamar na kawo masa labaran makon jiya. Ya ce, "Kulu, da can kina zaton da ransa zai zauna a nan har a kira magariba?"

Na tuna yadda babanki yake duba agogo tun la'asar, yana naɗe wayar fitila da sauri, yana cewa bari ya kama hanya kafin gada ta cika. Wannan na cikin ɗakin ba ya sauri. Sau da yawa ni nake janye Baba daga bakin ƙofar in an tayar da salla, yana cewa, "To, sai gobe."

Daga nan ya ce mutuwar ba ita ke damunsa ba, wannan ta kowa ce. Abin da ya tsaya masa shi ne Lami tana can zaune tana zaton Sabo ya ji ya ƙi zuwa. Ya ce sai ya je ya yi mata gaisuwa. Faruk ya ce a kira ku ta bidiyo, ga fuska ga murya. Baba ya ce shi bai san gaisuwar mutuwar da ake yi ba tare da an cire takalmi a ƙofar mutane ba. Likita ya ce tafiyar ba dabara ba ce. Na tambaye shi ko zaman dabara ne, sai ya hau gyara gilashinsa.

Saboda haka zan kawo shi ranar Asabar ta sama, da hantsi, in Allah ya yarda. Ki gaya wa Mama Lami kada ta wahalar da kanta da girki, ba ya iya cin komai sai kunu. A samar masa kujera mai hannu. Sannan ki zana mini hanya tun daga gada, dalla-dalla, har da inda ake juyawa. Na san ƙofofin filin jirgin Addis Ababa kamar ɗakina, amma ban san unguwarku Sabon Tasha ba.

Ki shafa mini kan yara. Sai mun zo.

Taki,
Kulu.


Badarawa, Kaduna.
Watan Satumba.

Comfort,

Ina gaisuwa, ina kuma fatan kun kwana lafiya, ke da Mama Lami da yara. Mu nan sai godiyar Allah.

Kun riga kun ji, Shamsiyya ta ce a rediyo Mama Lami ta tsinci sanarwar tun kafin ita Shamsiyyar ta iso da saƙona. Baba ya cika ranar Juma'a da safe, aka kai shi bayan an sauko daga masallaci. Asabar ɗin da muka sa, a kan tabarma na yi ta ina amsa gaisuwa. Takardar hanyar da kika zana tana cikin jakata.

Abokin aikina da ya karanta sanarwar ya kira ni kafin ya shiga, ya ce dokar gidan ita ce ba a barin kalmar Turanci a labaran Hausa, shin ya ce Sabo da Sama'ila na ƙasa da ƙasa, ko na duniya? Na ce ya bar ta yadda masu ita suka rubuta. Ya karanta sunan shagon cikakke, sunayen biyu a jere. Wata tsohuwa da ta zo gaisuwa daga Kawo ta riƙe hannuna ta ce ashe tare suka tafi, Allah sarki. Ban gyara mata ba.

Ina so ki san yadda ya yi makonsa na ƙarshe, don naku ne. Ya sa an kai babbar rigarsa wajen masu bugu. Ya sa an kira wanzami. Ya daina zaman bakin ƙofa, ya ce yanzu yana da abin yi. Abin yin kuwa shi ne shirya maganar da zai faɗa wa Mama Lami. Harshensa ya yi nauyi, yana tsoron kada ta kasa gane shi, sai ya sa nake maimaitawa bayansa, don in ya sarƙe in ƙarasa masa. Ni da nake fassara jawabin shugabannin ƙasashe, sai ga ni ana gyara mini zama da tashin murya, ana cewa na cika sauri, wannan ba labaran duniya ba ne.

Da farko doguwa ce. Akwai labarin yadda suka haɗu a tashar Kawo, da kyamararsu ta farko, da ranar da aka haife ki babanki ya ɓata fim guda saboda rawar hannu. Kullum sai ya rage wani abu, ya ce wannan Lami ta sani, wannan kuma surutu ne. Ranar Alhamis da yamma abin da ya rage bai fi numfashi biyu ba. Ya sa na faɗa, ya saurara ido rufe, ya ce haka ya yi.

Shamsiyya ta ce kuna shirin zuwa gobe, ke da Mama Lami, har kun nemi mota. Don Allah ku dakata. Ba don ba na son ganinku ba. In kuka riga ni, Mama Lami za ta shigo gidan nan ta yi wa Sabo abin da Sabo bai yi wa Sama'ila ba, kuma shi ke nan, ba ranar da za a gyara. Gwaggonnina sun ce 'ya ba ta barin zaman makoki ta tafi unguwa. Na ce ba unguwa za ni ba, aike ne. Faruk kuwa ya miƙo mini makullin motarsa.

Zan zo jibi da hantsi, ni kaɗai. Ki ce wa Mama Lami ta zauna a ɗakinta kamar ba ta ji rediyo ba. Zan yi sallama, in durƙusa, in ce mata, "Lami, Sabo ne. Ban ji ba, wallahi ban ji ba. Yaya haƙuri?" Kada ta rungume ni, kada ta ce mini komai game da Baba tukuna. Ta amsa masa yadda za ta amsa da shi ne a gabanta, ko da faɗa za ta yi masa, zan tsaya in ji.

In ta gama da shi, sai ta yi mini tawa gaisuwar.

Ki gaida yara. Allah ya kai mu.

'Yar uwarki,
Ummukulthum.