Na Hango Takardar a Cikin Tifar Marigayi

Anti, don Allah ki taimake ni da shawara kafin ranar Litinin, ranar da kotu za ta zauna kan maganar motar maigidana.

Maigidana direban tifa ne, shekara goma sha tara yana ɗaukar yashi. Wata bakwai da suka wuce jami'ai suka yi dirar mikiya a bakin rafi, suka kama motoci shida har da tasa, wai ana haƙar yashi ba izini. Suka kulle motar, suka tafi da makulli. Ya dawo gida a ƙafa yana rantsuwa cewa yana da takardar izini, ruɗewa ce ta sa ya manta inda ya sa ta. Muka birkice ɗaki, har katifa muka ɗaga, babu. Kwana uku bayan nan jikinsa ya shanye, bakinsa ya ɗauke. Yana kwance sai ya riƙa ɗaga hannunsa mai lafiya saman goshi, ni kuwa in jiƙa tsumma in ɗora masa. Haka har Allah ya karɓi abinsa.

Abin da ke ci mini rai, a makaranta ana ce wa 'yata 'yar ɓarawon yashi. Mutumin da ko allura ya tsinta sai ya yi cigiya!

Duk mako nakan je harabar da aka ajiye motocin in tsaya jikin waya in kalle ta. Tayoyi sun sace, har ciyawa ta tsiro a kan yashin da ke bayanta. Jiya maigadin ya ji tausayina ya bar ni na matsa. Na taka matakala na leƙa. Anti! A bayan abin tare rana da ke saman gilashi, ga bakin wata leda, ga farar takarda mai hatimi tana leƙowa! Nan direbobi ke cusa takardunsu, ni ce ban taɓa sani ba. Ashe abin da bawan Allah yake nuna mini ke nan. Na yi dariya, na yi kuka, har maigadi ya zaci na zare.

Tun jiya ƙafata ba ta taɓa ƙasa. Ƙanin maigidana ya tuna akwai makulli na biyu a cikin akwatin kayan gyara da ke gida. Ya ce maigadi zai kau da kai minti biyar, mu ɗauko takardar mu ajiye ta gaban alƙali ranar Litinin. Zuciyata ta riga ta tafi. Amma wani abu yana ja mini zane. In je?

Matar Direba

Ƙanwata, Allah ya jiƙan maigidanki, ya raya abin da ya bari. Na taya ki murna, amma ki bar makullin nan cikin akwati.

Ƙanin mijinki ba mugunta yake nufi ba, zafin ɗan'uwa ne, kuma gaskiyarsa, shari'a tana da jan ƙafa. Sai dai darajar takardar nan tana wurin da take. Wata bakwai tana kulle a hannun hukuma, ba mai cewa ke kika ƙirƙiro ta. Ranar da ta fito daga jakarki kuwa, mai gabatar da ƙara zai tambayi inda kika samo ta. In kin faɗi gaskiya, kin taɓa kayan shaida, kin kuma jawo wa maigadin da ya tausaya miki kora. In kin ɓoye, kin fara wanke sunan mijinki da ƙarya. Garin gyaran gira kada a rasa ido.

Ki nemi lauya tun kafin Litinin; idan babu hali, ki tambayi ofishin kotu inda ake samun masu tsaya wa marasa ƙarfi. Ya roƙi alƙali a buɗe motar a gaban jami'an da suka kama ta da ma'aikacin kotu, a ɗauki hoton takardar a inda take, a rubuta. Ya kuma bincika ofishin da ke ba da izinin, domin sukan ajiye kwafi. Ki tafi da shaidar rasuwa da takardun motar, ya nuna miki yadda magada za su nemi a sake ta. Maganar makulli na biyu ma ki gaya masa.

Abu ɗaya zan faɗa miki ko ba daɗi: hatimi kika hango, ba ki karanta ba. Tana iya zama ta wani wurin haƙa, ko wa'adinta ya ƙare. Ko da haka ne, ta nuna mutumin da ya bi ƙofa ya nemi izini, kuma wannan abin faɗa wa 'yarki ne.

Ya ɗaga hannu ya nuna, kin kuma gani. Saura ki bari kotu ta gani da idonta. Allah ya sa Litinin ta zo miki da farin labari.