Laifin Wuyana Ne, Nevena

Zuwa ga Nevena, sanyin idona, mai tattausan hannu, wadda duk Plovdiv babu wanda ya kai ta sanin fuskata,

Tun jiya nake dariya ni kaɗai, har maƙwabciyata ta leƙo ta ce, “Stamen, sabon wasa kake koyo ko kan ne ya taɓu?” Yayarki Zdravka ce ta jawo. Ta tare ni a kasuwa gaban masu barkono, ta riƙe ƙugu ta ce, “Tsohon banza, ƙanwata ta ajiye kunya ta tambaye ka, ka ce mata a'a, kuma har kana da bakin gaishe ni?” Ni? In ce miki a'a?

Tuna ranar da kyau, abar ƙaunata. Ina zaune gaban madubi, kin manna mini gashin baki, kin ce kada in motsa leɓe sai gam ya kama. Sai kika ce gidan wasan kwaikwayo na can garin Ruse ya ba ki aiki, kika yi ƙasa da murya kika ce, “In zauna?” Na gyaɗa kai da iyakar ƙarfina. Kika ajiye almakashi kika fita. Ni kuwa sakarai, na ɗauka kunya ce, mako biyu ina yawo da farin ciki ina jiran kunyar ta sake ki.

Ga inda aka samu matsala. Wata uku na yi a fim ɗin Italiyawan nan ina fitowa a mai masauki, ba a ba ni ko kalma ɗaya ba, aikina kawai in amsa da kai. Na girgiza shi gefe da gefe yadda uwata ta koya mini, yadda kowa a ƙasar nan yake cewa e, darekta ya dafe goshi, wai a wurinsu wannan a'a ce. Sau talatin a rana yake sa ni gyaɗawa sama da ƙasa, har wuyana ya manta garinsu. Da yaren Italiya na amsa miki, ke kuma kika ji da namu, inda gyaɗa kai yake nufin a'a.

Shekara arba'in da ɗaya ina wannan sana'a. Na yi ɗan aike, na yi kurman kawu, na yi likitan da ke fitowa ya sunkuyar da kai. Na mutu sau sittin da uku, yawanci kafin masu kallo su gama gyara zama. A titi yara suna kirana da sunan mai gidan burodin da nake fitowa a talabijin, nawa sunan babu wanda ya riƙe. Ban taɓa jin haushi ba. Wa zai ji haushi, alhali shekara goma sha tara ke ce kike goge mini kowace fuskar aro, ki ce, “Yawwa, ga ka nan”? Muryarki ta fi mini tafin cikakken zaure, ƙamshin hannunki ya fi na banitsa, burodin nan namu mai cuku, mai zafi da sassafe. Ina son ki, Nevena. Ba a taɓa ba ni wannan layin a wasa ba, shi ya sa na makara wajen faɗarsa.

Ashe kina so in ce ki zauna! Da wannan na kwana, da shi na tashi, na bi gadar kogin Maritsa ina gaishe da mutanen da ban sani ba.

Zdravka ta ce jirginki na safiyar Alhamis ne, har kin ɗaure kaya. Kwance su, don Allah. Wa zai yi dariyar kunnuwana in kin tafi? Ga amsata a rubuce, inda wuya ba shi da ta cewa: e, ki zauna. Ki zauna ki aure ni. Laraba da hantsi zan zo ƙofarki, ba gashin aro, ba hoda, sai sanƙona da wannan hancin. Abu ɗaya nake roƙo: ki amsa mini da baki, don yanzu ni kaina in na ga kai yana motsi, gabana faɗuwa yake.

Naki ni kaɗai, yau da duk kwanakin da suka rage mini,
Stamen