Sunaye Goma Sha Bakwai a Bangon Ɗakin Gwaji na Tara

Daga: Dakta Zrinka Matulić, Rukunin Binciken Gilashin Ƙarfe, Rijeka

Zuwa ga: Farfesa Tihomir Grgurević, Babban Darakta, Cibiyar Hasken Bincike ta Brezovac

Kwanan wata: Alhamis, 15 ga Mayu, 2025

Game da: Buɗe ɗakin gwaji na tara ana tsakiyar aikina ba tare da an rubuta ba, da shirin shafe bangon ɗakin da fenti

Mai girma Darakta,

Bayan gaisuwa da girmamawa, ina gabatar muku da wannan ƙorafi ne bayan na bi duk ƙofofin da ke ƙasa da taku ban sami mai saurarona ba. Ina roƙon a karanta shi kafin Litinin.

1. Cibiyarku ta ba ni ɗakin gwaji na tara daga 4 zuwa 8 ga Maris, 2024. Ba ni zan koya muku aikin ba, amma tunda takardar za ta shiga fayil, bari in faɗa a taƙaice. Ana haska wuri guda a jikin gilashin ƙarfe, wurin da bai kai kaurin gashi ba, da hasken X-ray mai tafiya a saiti ɗaya. Hasken yakan tarwatse ya zana ɗige-ɗige a kan na'urar ɗaukar hoto. In ƙwayoyin zarra sun motsa, ɗigon ya sauya. Sharaɗin kawai shi ne kada wani abu dabam ya motsa, kuma kada zafin ɗakin ya canza ko da kaɗan. Shi ya sa ake rufe ƙofar dalma tun ranar farko, ba a buɗe ta sai an gama.

2. Ranar Laraba, 6 ga Maris, da ƙarfe ɗaya da minti goma na rana, hasken X-ray na cibiyar ya ɗauke na minti arba'in, kamar yadda yakan faru. Ina ɗakin cin abinci a lokacin. Da hasken ya dawo, sai na ga ɗigon ya rikice gaba ɗaya, sannan ya lafa a hankali cikin awa uku. Na duba littafin aiki, babu abin da aka rubuta sai ɗaukewar haske. Na tambayi shugaban ɗakin, Injiniya Davorin Šimunek, ko wani ya taɓa wani abu, ya ce mini a'a. Shekara goma sha ɗaya muna aiki tare, ban ga dalilin sake tambaya ba.

3. A kan wannan amsa na kafa hujja cewa ƙwayoyin gilashin ne suka zabura lokaci guda, abin da masana suka daɗe suna hasashe ba a taɓa gani ba. Na buga sakamakon a watan Satumba, 2024. Na tsaya gaban mutum ɗari uku na faɗe shi da bakina, aka yi mini tafi. A Janairun bana rukuni biyu a ƙasashen waje suka maimaita gwajin ba su ga komai ba, ɗayansu ya rubuta wa ma'aikatata cewa da hannu na gyara alƙaluman. Zan gurfana gaban kwamitin ladabtarwa ranar 3 ga Yuni. Abokan aikin da muke shan kofi tare yanzu sukan tuna da wani uzuri in sun hango ni.

4. Ranar Litinin da ta wuce, 12 ga Mayu, na dawo ɗaki na tara don wani ƙaramin aiki. Ina durƙushe ina ɗaura waya a bayan teburin gwaji, sai idona ya kai kan bango. Kun san al'adar gidan nan, duk wanda zai yi ritaya, abokan aikinsa sukan raka shi cikin ɗakin da ya yi wa hidima, kowa ya sa hannu a bango, a ɗaga kofin giyar šljivovica, a ɗauki hoto. Sunan Ljudevit Hranjec na gani, tsohon makanikin da kowa ke kira Lujo, da sunaye goma sha shida a ƙarƙashinsa. Lujo mutum ne mai tsari, har lokaci ya rubuta: 6.3.2024, 13:20. Mutum goma sha bakwai, da ɗumin jikinsu da takunsu, a ɗakin da nake hana kaina shiga. Teburin ne ya gusa, Mai girma Darakta. Gilashina bai yi komai ba.

5. Suna na uku a jerin na Injiniya Šimunek ne. Na same shi a ofishinsa a ranar, kuma ga abin da ya faɗa, kalma da kalma: "Haba Zrinka, minti ashirin ne fa, kuma babu haske. In babu haske ai babu gwaji, kowa ya sani. So kike mu sallami Lujo a baranda kamar ɗan haya?" Da na tuna masa tambayar da na yi masa a bara, sai ya ce na tambaya ne ko an taɓa wani abu, su kuwa ba su taɓa komai ba. Ya ƙi ya rubuta mini ko layi ɗaya.

6. Ofishin tsaro ya shaida mini cewa bayanan buɗe ƙofa wata shida kawai ake ajiye su, na bara sun goge. Na ɗauki hoton bangon, amma sakataren kwamitin ya ce hoton da wadda ake zargi da gyara alƙaluma ta kawo ba zai zama hujja ba sai da shaidar cibiya. Jiya kuma, 14 ga Mayu, aka manna sanarwa cewa za a yi wa ɗaki na tara sabon fenti ranar Litinin, 19 ga wata. Na bincika, ba a sa sauran ɗakunan cikin shirin ba. Ba na zargin kowa a nan, kwanan watan kawai na kawo.

Saboda haka nake roƙonku da ku dakatar da fentin, ku tura jami'ai biyu su ga bangon da idonsu su sa hannu, sannan cibiya ta aika wa kwamitin takardar da ke tabbatar da cewa an buɗe ɗakin a wancan lokaci. Ba na neman a hukunta kowa, musamman Lujo, wanda bai san ɓarnar da aka yi ba. Sakamakon kuwa ni da kaina zan janye shi, na riga na rubuta wasiƙar, duk da cewa aikin shekara shida ne.

Na yarda na yi kuskure, kuma zan ɗauki kunyarsa. Amma ban yi ƙarya ba, kuma abin da zai raba tsakanin biyun yana rubuce a bangon da mai fenti zai iso gare shi ranar Litinin da ƙarfe takwas na safe.

Ku huta lafiya. Taku cikin ladabi da girmamawa,

Dakta Zrinka Matulić